Wayar Malam Ɗahiru Ta Mutu a Babban Tsibiri, Sahabi Ne Sanadi

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da kuma wani abin da ya fi baƙin ciki ɗaci, gidan Malam Ɗahiru Ladan na Yelwa, malamin tarihi mai ritaya, yake sanar da 'yan'uwa da abokan arziki na Yauri da Ngaski da Shanga rasuwar wayarsa, wadda aka fi sani da Mai-Haƙuri. Ta cika ranar Asabar, sha huɗu ga watan Maris na shekarar 2020, da ƙarfe uku da minti goma sha bakwai na rana, a hannun mai ita, tana tsakiyar aiki. Ta yi shekara uku da wata shida da kwana goma sha shida a duniya. Gidan ba ya roƙa mata gafara, domin ba ta da rai, balle hisabi. Abin da gidan yake roƙo shi ne jama'a su san yadda ta mutu, su kuma san sunan wanda ya yi sanadi.

Marigayiyar ta shigo gidan ne ranar ashirin da bakwai ga Agusta na 2016, ranar da Jihar Kebbi ta cika shekara ashirin da biyar cif da kafuwa. Hadiza, babbar 'yar Malam, wadda ke aikin jinya a Birnin Kebbi, ita ta aiko ta a cikin kwalinta. Shekara biyun farko ta yi su cikin natsuwa: kiran 'yan'uwa, labaran duniya, hotunan jikoki. Sai a daminar 2018 wasan harbi na intanet ya iso majalisun Yelwa, Malam ya leƙa wayar wani tela, ya ga taswira. Mutumin da ya yi shekara talatin da biyar yana zana fagen fama da alli, yana bayanin yaƙe-yaƙen da bai halarta ba, sai ga shi yana kallon tudu da gada da kwari, da daidai wurin da ya kamata a yi kwanton ɓauna. A ranar aka saka wa marigayiyar wasan, ba ta yi musu ba.

Waɗanda suka san ta za su shaide ta da riƙon amana. Ba ta taɓa daskarewa a lokacin da abokin gaba ya leƙo ta taga ba. Tana riƙe sabis a bakin ruwa, inda wayoyi masu tsada ke sakin nasu. Fuskarta ta tsage ta kusurwar hagu tun faɗuwar da ta yi daga kan kabu-kabu a hanyar kasuwa, amma tsagar ba ta taɓa ɓoye kan maƙiyi ba. Mutanen gidan ba za su manta da muryarta ba: "ƙwas-ƙwas" idan ana ɗura harsashi, "tatatatata" idan aka yi arangama, da wani ɗan "ɗin-ɗin" mai kunya da takan yi idan caji ya kusa ƙarewa, kamar baƙon da yake son ruwa yana jin nauyin roƙa.

Da ita Malam ya sami kujera a ƙungiyar Giwan Ruwa, mai mutum huɗu. Akwai Enoch, telan nan da ya fara nuna masa wasan. Akwai Sadiq mai bandar kifi. Akwai kuma shugaban ƙungiyar, Sahabi, mai sayar da kayan babur, wanda tsohon ɗalibin Malam ne. Tarihi ya wajabta a faɗa cewa a jarrabawar shekarar 1996 wannan Sahabi ya rubuta wai an ƙirƙiro Jihar Kebbi a 1976, Malam ya ba shi abin da ya dace da jan biro, ya kuma karanta amsar a gaban aji. Malam ya ɗauka maganar ta wuce tun ƙarnin da ya gabata. Ashe ba ta wuce ba.

Ga waɗanda ba su san wasan ba, akwai bayanin da dole a yi, domin a cikinsa mutuwar take. Kafin a fara, shugaban ƙungiya shi ke buɗe ɗaki, sauran su shigo daga gidajensu ta wayoyinsu, suna jin muryar juna, shi kuma ya zaɓi salon yaƙin. Akwai gajeren yaƙi: huɗu da huɗu a ɗan ƙaramin fili, minti goma an tashi. Akwai kuma babban tsibiri: mutum ɗari ake zubowa daga jirgin sama da laima, a yi ta yawo da ɓuya da harbi sama da rabin sa'a, filin yana ƙara tsukewa har sai ƙungiya ɗaya ta rage. Gajeren yaƙi ba ya wahalar da waya. Babban tsibiri kuwa yana dafa ta kamar ƙwai.

Tun ƙarshen 2019 rashin lafiya ya kama marigayiyar. Batirinta ya kumbura har murfin bayanta ya ɗago, zazzaɓi yana rufe ta da zarar aiki ya yi tsawo. Malam ya samo mata magani irin na gida. Ya mayar da tabarmarsa kusa da randar ruwa, yana wasa yana manna bayanta da jikin randar, sanyin yumɓu yana sauke mata zafi. Da wannan jinya ta ci gaba da aikinta ba tare da kunyata kowa ba. Ƙungiya ta san halin da take ciki, har aka kafa doka, Malam ya rubuta ta da hannunsa a littafin ƙungiya: a lokacin bazara, tsakanin hantsi da la'asar, ba a zaɓen komai sai gajeren yaƙi. A shafin da ke kallon wannan akwai wata tsohuwar doka, ita ma rubutun Malam ce: duk wanda ya fice ana tsakiyar yaƙi ya rasa kujerarsa, mai jiran gado ya hau. Mai jiran gado kuwa shi ne Tamada, ƙanen matar Sahabi, wanda ya yi wata bakwai yana jira.

Ranar da abin ya faru, Giwan Ruwa suna da gasa da ƙungiyar Warra, zagaye uku, bayan sallar azahar. Rana ce irin wadda kwalta ke laushi a Yelwa, awaki su rasa inuwar da za ta ishe su. Malam ya zauna a gindin randa, ya shiga ɗakin da Sahabi ya buɗe. Maimakon ɗan filin da aka saba, sai ya ji rurin jirgin sama yana fitowa daga bakin marigayiyar. Abin da ya biyo baya, ta bakinta aka ji shi, gidan kuma ya haddace shi kalma da kalma.

"Kai Sahabi, mi ka taɓa? Ba wanga munka yi alkawari ba."

"Yi haƙuri, Malam, hannuna ya zame."

Malam ya yi haƙuri. Minti talatin da huɗu marigayiyar ta yi tana ɗauke da tsibiri guda a cikinta, Yelwa ta ci zagayen. Aka koma ɗaki, sai ga rurin jirgi kuma.

"Ya sake zamewa, Malam. Zuhwa ce, ka san zafin yau."

Warra ta ci na biyu. A lokacin jikin randar ya bushe ƙayau a daidai inda ake manna ta. Inna Hansatu, uwargidan Malam, ta ajiye kwanon abincin da ta kawo, ta ɗauki mafici ta durƙusa tana yi wa waya fifita, abin da ta ce ba ta taɓa zaton aure zai kai ta gare shi ba.

"Malam, wagga aba ta fi garwashi zafi. Aje ta ta huta, kai ma ka ci abincinka."

Kafin ya amsa, jirgi ya tashi karo na uku. A nan ne Sahabi ya daina ɓoye-ɓoye.

"Malam, in tsohuwar ba ta iyawa, ka hita mana. Ba abin kunya ba ne. Ga Tamada nan zaune kusa da ni, batirinai cike."

Enoch ya sa baki: "Baba, don Allah ka fita. Ina jin wayarka daga nan, tana shaƙewa kamar injin niƙa. Za mu roƙa maka kujerar daga baya."

"Ni na rubuta dokar, Enoch," in ji Malam. "Ba ni zan fara karya ta ba."

Ya ga tarkon sarai. Idan ya fice, ya rasa kujera da hannunsa. Idan ya tsaya, sai abin da Allah ya yi da marar lafiya. Ya tsaya. Aka harbe Sadiq a kan gada. Aka harbe Enoch yana ƙoƙarin ɗaga Sadiq. Sahabi, shugaba guda, ya miƙe tsaye a fili fetal kamar mai jiran mota, aka ɗauke shi tun minti na tara. Ya rage Malam shi kaɗai, yana jan ciki a cikin ciyawa, yatsunsa suna ƙuna, yana sauya hannu kamar mai riƙe da dankalin da aka ciro daga toka. Daga mutum ɗari aka koma goma, aka koma biyar, aka koma uku: shi da mutum biyu na Warra, waɗanda suka ba shi baya ba su sani ba. Ya daidaita bindiga a ƙeyar na farko. Marigayiyar ta ce "ɗin-ɗin". Ta sake cewa "ɗin", ba ta ƙarasa na biyun ba. Fuskarta ta yi fari, ta yi kore, ta yi baƙi. Wani siririn wari ya tashi.

Enoch, wanda ya ci gaba da kallo ta wayarsa, ya ba da shaidar abin da ya faru bayan nan. Sojan Malam ya miƙe ya tsaya ƙiƙam, ba mai jan ragamarsa. Mutanen Warra suka juyo, suka zagaye shi sau biyu suna mamaki, sannan suka gama da shi da naushi, ba su ko ɓata harsashi ba. Kafin la'asar Sahabi ya sanar cewa Malam ya fice ana tsakiyar yaƙi, doka kuma doka ce. Tamada ya hau kujera.

An yi duk abin da ake yi. Inna Hansatu ta binne marigayiyar a cikin buhun shinkafar Shanga kwana uku, duk da Malam ya yi mata bayani cewa wannan maganin wadda ta faɗa ruwa ne, ita kuwa wuta ce ta ci ta. Ranar Talata aka kai ta wurin Maikuɗi mai gyaran waya a kasuwar Yelwa. Ya buɗe ta, ya sunsuna, ya mayar da murfin a hankali, ya cire hularsa ya ɗora a gwiwa.

Gidan ba ya karɓar maganar zamewar hannu. Hannu yakan zame sau ɗaya. Maɓallin gajeren yaƙi yana sama, na babban tsibiri yana ƙasa, da tazarar yatsa uku tsakaninsu. Malam ya auna da rula a wayar Enoch. Tamada kuma gidansu yana ƙarshen gari, amma ya wayi gari a shagon Sahabi ranar, wayarsa a jikin caja tun safe. Sahabi bai zo gaisuwa ba har yau. Saƙo ya aiko ta bakin Sadiq, wai a gaya wa Malam kowane tarihi yana da shekarar ƙarewa, ya duba ko wannan karon ya rubuta ta daidai. An duba. An kuma adana saƙon.

Marigayiyar ta rasu ta bar caja guda mai ɗaurin salatif a wuya, da iyafis wanda kunnensa na dama ya kurmance tun bara, da rigar roba wadda yanzu ba ta da mai sawa, da katin memori ɗauke da hotunan jikoki ɗari huɗu da shida. Ta kuma bar layinta da ransa da lafiyarsa, tare da sunan Malam na cikin wasa da dukan matsayinsa. Masu murna su lura da wannan jimla ta ƙarshe.

Gidan yana godiya ga duk waɗanda suka zo, musamman Sallau mai kwale-kwale, shugaban ƙungiyar Warra, wanda ya taso takanas da ƙunshin busasshen kifi. Ya zauna a zaure, ya ce shi ne na farkon nan da aka saita wa ƙeya, kuma tun ranar ƙeyar tana yi masa ƙaiƙayi. Ya ce nasarar ba ta yi musu daɗi ba, sannan ɗaya daga cikin mutanensa ya riga ya koma sharar gona kafin faɗuwar ruwa, kujera tana nan. Malam ya gindaya sharaɗi ɗaya tak: bisa al'ada, ƙungiyar da ta ci ita ke buɗe ɗaki a gasa ta gaba, to shi yake so a bar wa buɗewar. Sallau ya miƙa masa hannu.

Za a yi jana'iza ranar Asabar mai zuwa da ƙarfe tara na safe, a gindin mangwaron da ke bayan gidan Malam. Batirin ba zai shiga ƙasa ba, an bar shi wurin Maikuɗi don gudun fashewa. Ba za a jefa komai a ruwa ba, saboda haƙƙin kifi da masu cinsa. Za a karɓi gaisuwa a zaure har zuwa ƙarfe huɗu na yamma.

Da ƙarfe huɗu daidai, Malam zai buɗe sabuwar wayar da Hadiza ta aiko, ya saka mata layin marigayiya, ya buɗe ɗaki da sunan Warra. Ana gayyatar Giwan Ruwa. Enoch da Sadiq su kwantar da hankalinsu, su dai guji tsayawa kusa da shugabansu. Tamada ya zo da batirinsa cike. Sahabi kuwa ana sanar da shi tun yanzu, domin kada a ce an yi masa ba-zata, cewa hannun Malam ba zai zame ba. Gajeren yaƙi zai zaɓa, kuma ba don tausayin sabuwar waya ba. A babban tsibiri, wanda aka kashe ya tafi ke nan, sai ya koma gefe ya yi kallo. A gajeren yaƙi kuwa, wanda aka kashe yakan tashi bayan daƙiƙa biyar ya dawo fage. Malam ya yi lissafi da alli a bangon zaure: a cikin minti goma, Sahabi zai iya tashi sau ɗari da ashirin, kuma duk tashin da zai yi, zai tarar da malaminsa yana jiransa.