Shekara Biyar Ina Haya a Gidana

Ranar Litinin da ta wuce na kai shaddata ta Sallah wurin mai guga, na fesa turare, na shiga mota daga Dutsin-Ma zuwa birni, ba biki ba, ba suna ba. Takarda na je karɓa. Shekara biyar ke nan cif ana cirar naira dubu arba'in da takwas da 'yan kai daga albashina duk wata, kuɗin gidan da na karɓa bashi a rukunin gidajen ma'aikata, kuma a lissafina na haye rabi. Ba kullum malamin firamare ke haye rabin bashi ba, shi ya sa na ce bari in je da kwalliya. Har zakara na sa aka kama aka ɗaure a tsakar gida, yana jiran dawowata.

Na isa ofishin masu gidajen da hantsi. Shugaban wurin, Mai Girma Garkuwan Marasa Muhalli, ba ya nan, an ce ya tafi taron bita na kwana biyar a wani otal, kan yadda za a sauƙaƙa wa talaka mallakar gida. Allah ya ba shi lada, aiki ne mai cin rai. A harabar ga motoci uku sababbi fil, ko ledar kujera ba a cire ba, amma janareta ba mai, don haka ba a iya buga takarda. Wani ma'aikaci mai suna Ikrima ne ya ji tausayin shaddata, ya duba kwamfutarsa da sauran cajin da ya rage, ya rubuta mini da biro a bayan ambulan.

Ya ce, "Baba, abin da ya rage a kanka miliyan huɗu ne da dubu ɗari huɗu da casa'in."

Na yi murmushi irin na wanda ya saba gyara wa yara lissafi. Na ce, "Ɗana, ka buɗo shafin wani. Gidan miliyan biyar ne, kuma na biya kusan miliyan uku."

Ya ce, "Haka ne, Baba, ka biya miliyan biyu da dubu ɗari takwas da casa'in da biyar. Dubu ɗari biyar da goma ne suka shiga uwar kuɗi. Sauran ruwa ne."

Na ce, "Wane irin ruwa ne wannan, madatsar Zobe kuka haɗa mini?"

Bai yi dariya ba, yaron yana da tarbiyya. Ya ƙara da cewa saura shekara goma sha biyar. Ni kuwa shekara shida ya rage in yi ritaya. Ke nan shekara tara zan yi ina biya daga fansho, kuma kowa ya san fanshon malami ko cefane ba ya kaiwa ƙarshen wata. Wanda kuwa ya kasa biya, gidan ake karɓewa. Na ji tsoro ƙwarai, irin tsoron da ke sa mutum ya hango kansa da furfura yana neman ɗakin haya, da katifa a ka.

Bari in gaya muku yadda na shiga, don kada ku ce sihiri aka yi mini. Ranar da aka ƙaddamar da gidajen an kafa rumfuna, an kawo makaɗa, an yi jawabi tara. Mai Girma Sarkin Almakashi ya yanke ƙyalle, ya ce daga yau ma'aikaci ya yi sallama da mai gidan haya, kashi goma cikin ɗari kacal za a ɗora. Muka yi tafi har tafin hannu ya yi ja. Ni kuwa a kasuwar shanu na tashi, ina bin mahaifina, kuma abin da na sani shi ne idan an yanke wa dillali la'adarsa, ya karɓa sau ɗaya, an gama, kowa ya kama gabansa. Sai na buga a raina: miliyan biyar, a ɗora dubu ɗari biyar, shi ke nan, cikin shekara tara da rabi na wanke hannuna. Na ga an rubuta shekara ashirin a takardar, na ɗauka wa'adi ne aka yi wa masu nawa. Limamin unguwarmu ya ja mini kunne a kan kuɗin ruwa, na ce masa, "Allah gafarta Malam, ai wannan la'ada ce." Ya dube ni kawai ya ce Allah ya kyauta.

A hanyar komowa direbanmu ya tsaya a Kurfi ya shiga layin mai da mu a ciki, ko izininmu bai nema ba. Mota ashirin da ɗaya na ƙirga a gabanmu. A nan Alhaji Mamuda ya shigo, maƙwabcina, dillalin shanu, ya dawo daga duba wasu bijimai a Barkiya. Bai yi boko ba, amma in ya kalli sa daga nesa zai gaya maka kuɗinsa, kuma da wuya ya kuskure da dubu biyar. Ya ga fuskata ya ce, "Malam Sada, wa ya rasu?"

Na miƙa masa ambulan, na ba shi labari, har da batun la'ada. Ransa ya ɓaci.

Ya ce, "Haba Malam, kada ka ɓata muna sana'a. Ni in na sai da sa, na amshi la'adata, ka taɓa ganin na bi mai san gida duk wata ina amsar wata? Wanga abu ba la'ada ba ne. Haya ce."

Na ce, "Haya kuma? Ai gudun haya ya sa na shiga."

"To ka yi gudun gara ka faɗa gidan zago. Da gida kake haya, yanzu kuɗɗi kake haya. Sun ba ka aron miliyan biyar, suka ce duk shekara kuɗin hayarsu kashi goma na abin da ya saura hannunka. Duk shekara, Malam, ba sau guda ba."

Ya ciro wayarsa mai fasasshen gilashi ya fara dannawa da babban yatsa. Kashi goma na miliyan biyar, dubu ɗari biyar. A raba wata goma sha biyu, dubu arba'in da ɗaya da ɗoriya. Ya ce to a watan farko da na ba su dubu arba'in da takwas, dubu arba'in da ɗaya da ɗoriyar nan haya ce, dubu shida da rabi ne kawai suka taɓa bashin. Wata na biyu bashin ya ragu da ɗan wannan, sai hayar ta ragu da kuɗin da bai kai na ruwan leda biyu ba. Haka abin zai yi ta rarrafe, sai can wajen ƙarshe ne mafi yawan kuɗina zai fara shiga uwar kuɗi, lokacin da haƙorana suka zube.

Ya ce, "Yanzu buga dubu arba'in da takwas ɗin sau wata ɗari biyu da arba'in."

Na karɓi wayar na buga da kaina. Miliyan goma sha ɗaya da rabi da 'yan kai. Na goge na sake, wayar ba ta canza ra'ayi ba.

"Gida biyu ka saya da ɗan kicin," in ji Alhaji Mamuda. "Guda naka, guda nasu. Nasu ma ya hi naka girma."

Wata tsohuwa da ke kujerar baya da kwandon kaji ta ce, "Kai Malam, kuma kai ke koya wa ɗiyanmu lissahi?" Motar ta kwashe da dariya, har direba. Na yi mata bayani cewa ni Hausa da tarihi nake koyarwa, amma na lura ba ta gamsu ba.

Zan yi adalci, don kada a ce na ci zarafin manya. Da na koma gida bayan la'asar na tono takardar yarjejeniyar daga ƙasan akwati, na sa tabarau, na karanta ta a karon farko. Komai yana ciki. Ba su ɓoye ko kwabo ba, a shafi na goma sha ɗaya suka ajiye shi, da rubutu ƙanana kamar ƙwayar gero, cikin Turancin da ko mai shi sai ya yi alwala kafin ya tunkare shi. Laifina ne da na sa hannu ban karanta ba, tsuntsun da ya ja ruwa shi ruwa kan doka. Abin da nake tambaya kawai shi ne, cikin jawabi tara da kiɗa da rabon lemo, ba a samu minti ɗaya ba da wani zai tashi ya ce, jama'a, ku buga kaza sau kaza? Na san amsar, kuma ban ga laifinsu ba. Da an yi haka, da tafin ya ragu, kuma babu mai yanke ƙyalle cikin shiru.

A shafi na goma sha huɗu na ga abin da Alhaji Mamuda ya ce in nema. An yarda mutum ya zuba kuɗi a dunƙule a kan uwar kuɗi duk sanda ya samu, ba tara. Shi ya ce mini maganin ke nan tun muna mota: tunda hayar a kan abin da ya rage take, duk abin da ka rage yau ya daina haihuwa. Mun buga tare kafin layin mai ya iso kanmu. Idan na zuba miliyan biyu yanzu, na ci gaba da biyan wata-wata yadda na saba, shekara goma sha biyar za ta koma shekara biyar da wata takwas, in gama wata huɗu kafin ritaya, kuma sama da miliyan uku na ruwa su zauna a aljihuna. Lissafi ya yi kyau. Matsalarsa ɗaya, babu miliyan biyun.

Ina zaune a kan tabarma da takardu baje a gabana, Saudatu, matata, ta fito ta tambaya ko a yanka zakaran. Na ce a sake shi, yau ba ranarsa ba ce. Ta zauna ta ce in gaya mata gaskiya, na gaya mata duka, ban rage komai ba, har maganar tsohuwa mai kaji. 

Sannan ta ce, "Gobe ka kira Alhaji Mamuda ya tahi Makera wurin yayana ya duba bijiman nan biyu."

Bijiman nata ne. Shekara takwas tana matsar man gyaɗa da tuya ƙuli-ƙuli, daga tunkiya ta koma maraƙi, daga maraƙi har suka zama abin da suka zama, kuma duk unguwa an san na mene ne. Su ne harsashin kujerarta ta Makka. Na ce mata ba zai yiwu ba, ni na haƙa ramina, ni zan fita.

Ta ce, "Malam, ramin nan da ni da yara muke ciki. Kuma mi zan je in ce a ɗakin Allah, na baro gidana ruwa shina cinsa duk wata? A hidda mu daga wanga abu tukuna. Makka na nan inda take."

Ban ɓoye muku ba, idona ya kawo ruwa, na fake da goge tabarau. Kunya ta kama ni, da godiya, da wani irin nauyi da ban ji ba ko a gaban Ikrima. Na ce to bashi ne, zan biya. Ta ce ta sani, ai ba kyauta ta ce ba. Ba ta son ƙarin ko sisi, amma a rubuta, a sa shaidu biyu, kuma ranar da aka ba ni kuɗin sallama na ritaya, kafin in sayi ko hula, a cire mata nata.

An sayar da bijiman ranar Laraba, miliyan biyu da dubu sittin. Alhaji Mamuda ya ƙi karɓar la'ada, ya ce ya riga ya ci tasa a dariya. Na kai kuɗin, na tsaya a kan Ikrima har ya rubuta cewa uwar kuɗi suka shiga, na karɓi rasit mai hatimi.

Saboda haka ina da ɗan roƙo wurin Masu Girma Iyayen Tsofaffin Ma'aikata, waɗanda za su riƙe kuɗin sallamata nan da shekara shida. Na lura cewa idan ku ke binmu, kashi goma ne duk shekara, idan kuma mu ke binku, haƙuri ake ɗorawa. Ban nemi ku ɗora mini komai ba, na tuba da ruwa, nawa da na wani. Amma in kun tashi ajiye fayil ɗina a ƙasan tebur shekara huɗu kamar yadda aka yi wa na gabana, ranku ya daɗe, ku sani ba kuɗin Malam Sada kuka zauna a kai ba. Kujerar Makkan wata baiwar Allah ce, kuma ni da nake zaune da ita shekara ashirin da bakwai, ba zan so a ambaci sunana a cikin addu'arta ta wannan fuskar ba.