Garmar Kakana da Koren Fenti

Da aka buɗe gidan zane-zanen zamani a Zuru, inda ake koya wa matasa shirya nuni, wata ɗaliba ta roƙi aron garmar da kakana ya yi golmo da ita, wato noman neman aure. Ni kuwa ba zan bari duniya ta ga tsatsar gidanmu ba. Maƙeri ya goge ta, na canja ƙota, na shafa koren fenti.

Yarinyar ta ce, "Baba, tsufan muke so. Irin wannan akwai a kasuwa."

Wai ni na ɓata tarihi. Garmar maƙwabcina, wadda gara ta cinye ƙotarta saboda ragwancinsa, ita aka sa cikin gilashi.

Har yau in na doso majalisa sai a ce, "A ɓoye tsofaffi, ga Baba Fenti nan."