Hayaƙin Kaskon Kellumi

Duk faɗin Jimeta babu mai shirya fim da ya kai Usama suna a ƙasashen waje. A unguwar Dubeli kuwa, inda aka haife shi, an fi saninsa da jikan Kellumi mai turaren wuta. Salonsa ɗaya ne: ya kafa kyamara ya bar ta, ba jarumi, ba waƙa, kuma ba ya yanke ko daƙiƙa ɗaya. Sabon fim ɗinsa hayaƙin kaskon kakarsa ne, minti hamsin cur. Ranar Asabar bayan la'asar za a haska shi a zauren gida, sai tsohuwar ta aika a kira Usama tun kafin ranar.

"Amarya, an tashi lafiya? Ko gwiwar ce ta hana a durƙusa wa maigida?"

"Maigidan hayaƙi ba. Shekara bakwai kana makaranta, ka dawo kana ɗaukar abin da iska ke kwashewa. Zauna."

"Turawa fa tsaye suka tafa mini."

"Ƙafarsu ce ta sage don zama. Ka cire muryata daga ciki."

"Ai muryarki ce gishirin fim ɗin."

"Gishirin gidanku! Kai ka ce in yi kamar ba ka nan. Na yi kamar ba ka nan, na gaya wa mai sayen turare cewa kunun gyaɗar maƙwabciyata Adda ruwa ne zalla, kuma sarƙar da take zuwa biki da ita ta aro ce. Sai ka je ka gayyato Adda! Shekara arba'in katanga ɗaya ce tsakaninmu, ba a taɓa jin kanmu ba."

"To ƙarya kika yi mata?"

"Da ƙarya ce ai da sauƙi."

"Ni ba na yanka, Kaka. Har a jarida an rubuta."

"Ko kaza ba ka iya yankawa, wannan ba sai jarida ta faɗa ba. To ɗora kiɗa a kai."

"Kiɗa yaudara ne."

"Gemun nan naka ma yaudara ne, sili goma sha biyu, na ƙirga. Ka ji ni da kyau: idan Adda ta daina shigowa gidan nan, kai za ka riƙa zuwa kullum da hantsi kana taya ni hira har in mutu. Kuma ba ni da niyyar mutuwa."

Usama ya dubi tsohuwar, ya ga lafiyarta ƙalau. Sai ya ce:

"Zan kashe sautin wajen sarƙar. Amma kunu yana nan."

"Bar kunun, wannan ko mijinta ya sani." Ta kwashe da dariya, ta miƙa masa ƙullin turare. "Ungo, turara rigar nan, ko wata ta yi kuskure ta aure ka in huta."

Haka Usama ya karya dokarsa, karo na farko a shekara tara. Ranar Asabar Adda ta zo da wuri ta zauna a gaba. Maganar tana minti na talatin da ɗaya. Adda ta yi barci a minti na shida.