Yadda Ake Zama Minista Ba Tare Da Saniya Ta Shaida Ka Ba

Kai masanin kimiyya da ka gaji da leƙen madubin ƙara girma, matso kusa. Bi matakan nan, na yi maka alkawarin kujerar minista da mota mai tuta. Daga Farfesa Hammawa na kwaso su, wanda ya bi su tiryan-tiryan har zuwa na ƙarshe, inda ya yi ɓarin da zan gargaɗe ka a kai.

Mataki na 1: Zaɓi ƙwaron da ba mai yi maka kishiya a kansa

Hammawa kaska ya zaɓa. Ya yi shekaru a cibiyar binciken dabbobi ta Vom yana cire ta daga kunnen shanu yana raɗa mata sunayen da harshe ba ya iya juyawa. Duk abin da mutane suka kasa faɗa, girmama shi suke yi.

Mataki na 2: Bar kaska ta huta, shiga kwamiti

Kowane iri. Na shayi, na fentin ajujuwa, na binciken dalilin da kwamitin fenti bai zauna ba. Kome aka tambaye ka, gyara tabarau ka ce, "Za mu duba." Kafin ka ankara an ba ka shugabancin jami'a, don ba wanda ya taɓa jin ka ƙi wani abu.

Mataki na 3: Yi kewar bincike a gaban baƙi

Rataya farar rigar aikinka a bayan ƙofa, kana kallonta kana ajiyar zuciya. Kada dai ka kuskura ka sa ta, ba za ta rufe tumbin ba. Sayi turare mai ƙarfi, warin garke naci gare shi.

Mataki na 4: Yi hattara da Goggo

Kowane masani yana da goggon da ta raine shi a ruga. Ta Hammawa ita ce Goggo Hadijatu, kuma a wurinta har gobe likitan shanu ne. Da aka ce mata ya zama shugaba, cewa ta yi, "Na garken wa?" Kada ka ɓata bakinka. Ajiye masinja mai taurin kai a ƙofa, irin Pwajok na ofishin Hammawa.

Mataki na 5: Ranar liyafa, kada ka dubi bayan fili

Soja sun miƙa mulki, rediyo ya kira sunanka, ministan manyan makarantu. An kafa rumfuna a unguwar Nasarawa Gwom. To, nan Hammawa ya zame.

Yana tsakar jawabi sai ga motar kabeji daga kasuwar Farin Gada. A cikin bayan motar Goggo ce, da farar saniyarta Raneye a kwance, wadda shi da hannunsa ya karɓi haihuwarta tun yana Vom. Pwajok ya tare hanya.

"Mama, oga yana miting. Saniyan nan yana da afoyinmen?"

Goggo ko kallonsa ba ta yi ba. Ta ɗaga murya: "Hammawa! Ta daina cin ciyawa. Ita kaɗai ta rage mini."

Abin da ya kamata ka ce, ka sani: "Za mu duba." Hammawa kuwa ya faɗa, ta lasifika. Sai Raneye ta ji muryar, ta ɗago kai da ƙyar, ta yi masa kuka.

Wallahi ina cikin rumfa, da idona na gani. Minista ya tuɓe babbar riga ya miƙa wa babban baƙo, ya haye mota, ya durƙusa cikin ganyen kabeji. Ya buɗe kunnenta, ya duba ido, ya ƙwala wa direbansa kira ya ce ya tafi Vom da tuta da komai ya taho da allura. Hoton da jarida ta buga washegari, fuskar saniya ce da bayan minista.

Goggo ta shafa masa kai a gaban manyan gari. "Ashe da sauranka," in ji ta.

Gargaɗi

Ba ruwana da abin da zai biyo baya. Raneye ta tashi, kuma yanzu duk Asabar ƙofar gidan minista cike take da makiyaya da kashin shanu. Idan haka ta same ka, kai ka ja. Idan kuma ka bi matakan daidai, ka ce "za mu duba" saniyar ta ji muryarka ba ta ko motsa kunne ba, to ka ci nasara. Ka shiga motarka mai tuta, kada ka zo mini da kuka.