Sunan da Na Samo a Waya

Ba zan taɓa mantawa ba da safiyar sunan 'yar ƙanena Sani, a gidanmu na Tudun Wada. Ko yanzu in abin ya faɗo mini, sai na miƙe na zaga ɗaki.

Ni malamin Turanci ne, don haka duk wani rubutun boko a gidan, daga takardar asibiti har bayan kwalin maganin sauro, ni ake kawo wa. Da matar Sani ta haihu, ta ce ba ta son sunan da za a kira a layi yara biyar su waiwayo. Sani ya ce, "Yaya, a nemo mana na zamani, amma mai ma'ana."

Na buɗe waya. Wani shafin sunayen jarirai ya ba ni Hawiya: Larabci, wai "mai ƙauna". Shafi na biyu ma haka. Na uku ma haka, har da kuskuren rubutu iri ɗaya (ni da nake kama ɗalibai da satar amsa ta wannan hanyar, ban ga komai ba). Na ce majiya uku sun tabbatar. Aka je unguwar Kongo wajen masu ɗab'i aka bugo sunan, aka manna a robobin rabo, da hoton fure.

Ranar suna na kasa zama. Na gyara tabarmi, na sake gyarawa, ina raba goro ina ce wa mutane su dai jira su ji suna.

Sani ya durƙusa ya raɗa wa Liman. Liman ya ɗaga hannu zai fara addu'a, sai ya sauke.

"Wa ya ba ka wannan?"

Sani, Allah ya saka masa, ya nuna ni da yatsa.

Na gyara murya. "Allah gafarta Malam, ma'anarsa mai ƙauna. Na bincika."

"Ka bincika," in ji Liman. "Kana sallah da gajerun surori?"

"Ina yi."

"To ka sha karanta ta. Hawiya sunan wuta ne, ramin can ƙasa. So kake a riƙa kiran mai jego Maman Hawiya?"

A hankali ya faɗa, don ya rufa mini asiri. Amma maroƙi na gefensa, ya riga ya cika ƙirji zai yi shela, kuma iskar dole ta fita. "A'uzubillahi! Wuta, jama'a!" Har cikin gida mata suka ji.

Nan take aka sa wa yarinya Hauwa'u. Ni kuwa a zaure na wuni, ina ɓare takardun robobi da farce, ɗaya bayan ɗaya, masu wucewa suna yi mini sannu da bincike.

Yanzu Hauwa'u tana aji biyu. In na shiga, uwarta kan ce, "Zo ki gaida Baffa, wanda ya so kai ki wuta kina kwana bakwai."

Shekara arba'in ina furta kalma a gaban Ubangijina, da na gan ta da haruffan boko na ɗauka sabuwa ce. Tun daga ranar, ko ma'anar Musa aka tambaye ni, cewa nake a bari Liman ya fito.