Ruwan da Na Ɗura wa Ma'aikata a Kwalba

Laifina ne, gara in faɗa da bakina kafin wani ya riga ni. Kuma ko zan manta da komai, ba zan taɓa mantawa da daminar da aka ɗora min aikin ɗebo ruwan kogi ba.

Wasu ma'aikata ne suka zo ƙauyenmu, can wajen Jajaye, suna bin koguna suna duba tsabtar ruwa, saboda gudawa ta addabi yara. Shugabarsu wata Hajiya ce mai gilashi. Ta ce tana son mutum ɗaya da zai riƙa cika musu kwalba daga kogi, direba ya zo ya karɓa. Dagaci ya nuna ni, wai na yi sakandare (na shiga dai, fitar ce ba ta yi kyau ba). Aka ba ni hula da takalmin roba. Hular nan har ɗaurin aure na je da ita.

Ranar da direba zai zo, aka tafka ruwa tun safe, hanyar kogi ta zama taɓo har gwiwa. Na dubi takalmin nan sabo fil, na ji tausayinsa. Na ce a raina ai ruwa duk ruwa ne, na zura guga a rijiyar gidana na cika kwalba.

Da sakamako ya dawo, aka ce ruwan cike yake da ƙazanta. Nan take gari ya ɗauka cewa shanun Ardo Buba ne, wanda rugarsa ke sama da mu, yake shayarwa inda iyayensa suka shayar. Ni fa na san inda ruwan ya fito. Amma da na ga an sami wanda zai ɗauki laifi, sai muryata ta fi ta kowa. A ƙofar dagaci har cewa na yi, "Ranka ya daɗe, mu da muke cikin aikin mun daɗe da ganewa."

Aka sa ranar da za a hana shi mashaya. Da ranar ta zo, Ardo ya zauna gefe da sandarsa a cinya, ya ce wa dagaci, "Allah ya ba ka nasara, in an hana su kogi, ina zan kai su?"

Ana cikin haka Hajiya ta iso. Ta saurari kowa, sannan ta dube ni ta saman gilashi.

"Malam, koginku ja wur yake kamar kunun kanwa, ruwan kwalbarka kuwa garau. Taso ka nuna mana inda ka ɗebo."

Na shige gaba, jama'a na biye, har da dagaci da ciwon gwiwarsa. Na bi gaɓa na yi gabas, na dawo na yi yamma, ina leƙe-leƙe, ina roƙon Allah ya nuna min ko da ɗan gurbi ɗaya mai farin ruwa. Wani daga baya ya ce, "Ƙila kogin ne ya yi ƙaura." Dagaci ya tsaya yana haki ya ce, "Kai, garin Rogo za ka kai mu a ƙasa?"

Sai na juya na kama hanyar gari. Na ce wa mai ɗakina ta shige ɗaki, na shigar da su tsakar gida, na nuna rijiya da ɗan yatsa. Hajiya ta dubi rijiya, ta dubi ramin masan da na haƙa dab da ita (don kada in wahala wajen cika buta).

Dagaci ya ce a hankali, "Ruwan wannan ka ba ni ranar sunan ɗanka?"

"Shi ne, ranka ya daɗe."

"Har ƙari na nema."

Daga cikin ɗaki mai ɗakina ta ce, "Ai na faɗa masa tun ana haƙa."

A ranar na gane cewa kafin in tafi binciken abin da shanun wani ke zubawa a kogi, ya kamata in fara zagaya tsakar gidana.

Washegari na tafi ruga, na durƙusa gaban Ardo na ce, "Ni na yi ƙarya. Da an kore ka, da ni na kore ka. Ka yafe min don Allah."

Ya dube ni, ya nuna garke da sanda. "Ni na yafe. Amma su ka ɓata wa suna."

Na dube shi ko wasa yake yi, na ga fuskarsa ba alama. Na miƙe na fuskanci shanun, na gyara murya na ce, "Ku ma ku yi haƙuri. Ƙazantar tawa ce."