Yadda Za Ka Hau Jirgi Ba Wando, Aurenka Bai Mutu Ba

Kai da ka gaji da cewa "to, yallaɓai" tun Litinin har Asabar, matso kusa. Lahadin nan ta Janairu ta zo, wadda mu 'yan birnin Mexico muke hawa jirgin ƙarƙashin ƙasa ba wando. Bi matakan nan, na yi maka alkawari za ka sha iskar 'yanci tun daga ƙugu har idon sawu.

1. Gyara sama

Kwat, taye, takalmi mai ƙyalli. Wanda ya tuɓe wando yana a yamutse mahaukaci ne. Mai taye kuwa ɗan tawaye ne, 'yan sanda ma gaishe shi suke yi.

2. Tuɓe bayan ƙofa ta rufe

Cusa wandon a jaka, ka rataye ta a ƙirji kamar kullum. Kada ka zauna. Kujerun nan a Janairu ba su da imani.

3. Ɗaure fuska

Ba dariya, ba dogon bayani. Duk wanda ya tambaya, ka ce, "Mantawa na yi," ka ci gaba da karanta jarida.

4. Duba launin kamfanka

Nan ne wawaye suke faɗuwa. Ka san al'adarmu ta shiga sabuwar shekara: kamfai rawaya na kiran kuɗi, ja na kiran soyayya, kuma sai wani ya ba ka kyauta yake aiki. Abokina Anselmo, mai gyaran firiji, matarsa Maricruz rawaya ta saya masa. Gogan naka sai ya fito da ja, sabo fil, yana wani taku.

5. In surukarka ta shigo, sauka

Anselmo bai sauka ba. A tashar Tacubaya ƙofa ta buɗe, sai ga Doña Casilda, uwar matarsa, ta dawo daga coci. Ta dube shi sama da ƙasa.

"Anselmo, ɗana, ina wandonka?"

"Mantawa na yi, Mama."

"Ba komai, marigayi mijina ma ya sha mantawa. Amma ni na raka 'yata kasuwa, rawaya ta saya. Wace ce ta ba ka ja?"

Wani mai tallar cingam a cikin jirgin ya gyara tsayuwa, ya kasa kunne.

"Ni na saya wa kaina, Mama. Araha na gani."

"Au, nema kake yi ke nan. Wadda ke gida ba ta ishe ka ba?"

6. Kada ka miƙa jakarka

"Kawo in riƙe maka," in ji ta. Shi kuma, don ladabi, ya miƙa. Ta ɗauke shi hoto, ta sauka a tasha ta gaba, ta leƙo ta taga.

"Ka zo gida ka karɓi wandonka a gaban matarka. A yadda kake."

Ya je, a yadda yake. Maricruz ta buɗe ƙofa, ta kalli launin, ta mayar ta rufe. Na tausaya masa ƙwarai, don yana son matar nan.

Gargaɗi

Mura, kora daga aiki, hotonka a wayar dangin matarka, duk ba ruwana, ban san ka ba. Kada kuma ka zo ƙofata da dare kana rawar sanyi. Doguwar kujera ɗaya gare ni, Anselmo ne a kanta, yana cinye mini wake, yana kiran Maricruz ba ta ɗauka. Wandon da ke jikinsa ma nawa ne.